Gugan da Ya Je Teku

"Ba zan koya musu ba, ranka ya daɗe."

Alhaji Abdulbaƙi ya ɗago daga kan wayarsa ya dube ni kamar kujerar ofis ce ta yi magana. Wata goma sha huɗu ina aiki a ƙarƙashinsa a Gumel, sakatariyar wucin gadi ta shirin dashen itatuwa, bai taɓa jin komai daga bakina ba sai "to". Ni kaina sai da muryar ta yi mini baƙunta.

Ga yadda abin yake. Shekara biyu da suka wuce wata ƙungiya mai yaƙi da kwararowar hamada ta raba dashen darbejiya ga ƙauyuka ashirin, daga Maigatari har Sule Tankarkar. A yawancin wuraren awaki suka yi walima. Amma a ƙauyenmu, Rijiyar Bappa, can bayan Gagarawa Tasha, mata goma sha shida suka yi rani biyu suna jan ruwa daga rijiya mai gaba arba'in, suna bin dashen ɗaya bayan ɗaya, har suka raya fiye da dubu. Ƙungiyar ta ce za ta saka musu da abin da ba su taɓa gani ba: kwana uku a wani wurin shaƙatawa na bakin teku a Legas. Bas mai kujera goma sha takwas. Goma sha shida nasu, ɗaya ta wakiliyar ƙungiya, ɗaya ta 'yar rakiya daga ofis, wato ni.

Tuni sunayen suka isa hedikwata, ba su gyaruwa. Da Alhaji ya ga ba a canja suna, sai ya yanke shawarar canja masu sunan. Matarsa Hajiya Ummukulsum, da ƙannenta, da ƙawayenta na biki su ne za su hau. Aikina in zaunar da su in koya wa kowacce sunan da za ta amsa.

"Suna ne fa kawai, Juwairiyya," in ji shi. "Teku ba ya tambayar katin ɗan ƙasa."

Ya yi mini bayani a tsanake, cewa matan ƙauye za su yi ta amai a mota, ba su san yadda ake buɗe famfon otal ba, za su ja wa jihar nan abin kunya a gaban Yarbawa. Taimakonsu ma za a yi. Yana magana ya jawo aljihun teburinsa, ya bar ni na hango gefen wata farar ambulan, sannan ya mayar a hankali. Na san ta. Takardar ɗaukata aiki na dindindin ce, wadda wata shida ke nan ake ce mini saura sa hannu.

Na ce na ji, amma ba zan koya musu ba. Na ɗauki jakata na fita, kaina a sama.

* * *

Kafin la'asar Kawu Ya'u ya iso ɗakin da nake haya. Shi ya yi zarya gidan Alhaji har takalminsa ya suɗe kafin a ɗauke ni. Bai ko zauna ba. Ya ce bakin rijiya ba wurin wasan makaho ba ne, ya ce wanda ya ci ladan kuturu dole ya yi masa aski, ya ce boko ya hau mini kai. Na bar shi ya juye buhun karin maganarsa tas, sannan na tuna masa cewa suna na farko a takardar nan na Goggo Safara'u ne, yayar mahaifina, wadda ta goye ni bayan rasuwar innata, ta sayar da tinkiyarta ta saya mini fom ɗin kwaleji.

"To Safara'u me za ta yi da teku?" ya ce. "Sha za ta yi?"

Washegari na hau acaɓa zuwa ƙauye. Saƙon Alhaji ya riga ni: wai an ɗage tafiya sai bayan damina. Na tarar da matan a gindin rijiya, kowacce fuska a sake kamar an fasa biki. Mako uku suka yi suna shiri. An daka dakkuwa, an soya aya, an yi yajin tafiya. Sun tura an tambayo liman ko alwala tana yiwuwa da ruwan gishiri, ya ce tana yi. Malam Bilal, makiyayin da ke bayan gari, ya amince matarsa ta je bisa sharaɗin ta duba masa yanayin ciyawar can. Rabin garin kuma ya kawo kwalabe, kowa da abin da aka ce masa ruwan teku yana magani, daga sanyin ƙashi har rashin kasuwa.

Goggo ita guga ta tanada, sabo, da igiyarsa. Na ce mata ruwan a fili yake, kwance kamar gona, ba a zura komai. Ta dube ni da tausayi irin na wanda aka cuta a makaranta.

"Shekarata sittin da wani abu, ban taɓa ganin ruwan kirki da ya ba da kansa ba igiya ba. In je can in tsaya ina aron guga a hannun baƙi?"

Na ce musu ba a ɗage komai ba. Ranar Asabar da hantsi, tashar Gumel, kowacce ta zo da kayanta.

* * *

Sauran kwanakin na yi shiru a ofis. Alhaji ya ɗauka ambulan ta yi aikinta, har ya aike ni gidansa ranar Alhamis in kai rigunan ƙungiya masu hoton bishiya. Tun daga ƙofar falo na jiyo muryarsa yana darasi, tunda ni malamar na ƙi.

Ajin ba ya tafiya daidai. Mata huɗu suna rigima a kan sunan Nana Firdausi, kowacce ta ce shi ya dace da ita. Ba wadda ta yarda ta zama Tabawa. Wata ta ce ita ko a mafarki ba za a kira ta 'Yar Baƙa ba, da kuɗinta ta sayi farin nan. Hajiya Ummukulsum ta karɓi Safara'u Ilu ne kawai don shi ne na ɗaya a jeri, ta ce na ɗaya gaban mota yake zama. Alhaji yana kira suna mantawa. Sai ya kira sau uku, sannan wata ta zabura ta ce, "Au, ni ce ko?"

Mai lalle tana gefe tana aiki. Hannuwa talatin da biyu a shanye a kan matasan kujera, an zana musu furanni har gwiwar hannu saboda hoton bakin ruwa. Na ajiye rigunan, na tsaya ina kallon hannuwan nan fiye da yadda ya kamata. Sannan na yi sallama.

* * *

Ranar Asabar bas ta iso fes, direbanta Ɗantala yana ta goge gilashin da ba datti. Hajiyoyi suka sauko daga motoci da akwatuna masu taya, da baƙin tabarau, da malafuna masu faɗin faifai. Wakiliyar ƙungiya, Malama Ummulkhair, ta zo daga Kano, 'yar siririya mai yawan duba agogo. Ta yaba da yadda matan karkarar Jigawa suka waye. Alhaji ya ce ai aikin wayar da kai ne da ofishinsa ya daɗe yana yi.

Ta miƙo mini takarda ta ce in kira suna a bakin ƙofa.

Daidai nan wata a-kori-kura mai ɗaukar riɗi ta shigo tasha tana tari. A bayanta mata goma sha shida ne a tsaye, sun rirriƙe juna, da ƙullin kaya, da tabarmi, da buhu guda na kwalabe yana ƙara. Goggo ce ta fara dirowa, guga a kafaɗa.

Ban dubi Alhaji ba. Na ɗaga takarda na ce, "Safara'u Ilu."

Murya biyu suka amsa. Karo na farko ke nan da Hajiya ta tuna sunanta a kira ɗaya.

Goggo ta matso, ta dubi Hajiya tun daga malafa har takalmi, ta gaishe ta da ladabi.

"Sannu, takwara. Ke ma Ilun ne? Allah ya jiƙansa, shekara talatin muna tare, bai taɓa ce mini yana da gida a birni ba."

Ɗantala ya zagaya bayan mota, wai zai duba taya. Muna jin shi yana shaƙewa.

Malama Ummulkhair ta daina duba agogo. Ta tambayi Alhaji, ya ce 'yan cin arziki ne suka biyo, a ba su na goro su koma. Ta juyo gare ni. Ta bayan kafaɗarta na ga Alhaji ya ɗora hannu a kan aljihun rigarsa, inda kan farar ambulan ya leƙo. Ashe har tasha ya taho da ita. Na tuna Kawu da suɗaɗɗen takalminsa. Na tuna wata goma sha huɗu na "to".

"Ranki ya daɗe, ba sai na ce komai ba," na ce. "Igiyar guga ba ta rabuwa da mutum ba ta bar shaida ba. Kowacce ta buɗe tafin hannunta."

Matan Rijiyar Bappa suka buɗe ba tare da sun san dalili ba. Kanta a gindin kowane yatsa, tauri kamar ƙahon rago, da faso, da wani baƙin layi da ya ratsa tafin inda igiya take bi. Malama ta shafa na Goggo da yatsanta, ta daɗe ba ta ɗauke ba. A ɗaya ɓangaren kuwa furanni suka fara ɓuya a ƙarƙashin mayafai. Hajiya ta ce ita da safar hannu take ja. Goggo ta sauke gugan ta miƙa mata, ta ce to bismilla, ta ƙulla mata igiyar nan a jikinsa, ai ta kwance a hanya. Hajiya ta riƙe shi da yatsa biyu kamar an ba ta mushen kaza.

Ban taɓa ganin mutum ya juya da sauri irin Alhaji ba. Nan take ya yi gyaran murya ya ce ai an samu rashin fahimta, waɗannan iyayen namu ya gayyato su ne musamman don su yi wa jarumanmu rakiya. Ya yi jawabi a kan hamada. Ya sa aka ɗauki hoto. Matan ƙauye suka hau ɗaya bayan ɗaya, kwalabe suna ƙara.

Na ɗora ƙafa a matakala ke nan Alhaji ya ce, cikin murya mai daɗi, kujerar 'yar rakiya ta ofis ce, ofis ke zaɓa, kuma ofis ya ga ya fi dacewa babbar mace ta kula da su. Malama ta duba takardunta, ta dube ni, ta sunkuyar da kai. Haka dokar take. Ɗantala ya sauko mini da jakata bai yarda mun haɗa ido ba. Hajiya Ummukulsum ta shige gaban mota.

Goggo ta yunƙura za ta sauko. Na tura ta ciki na ja ƙofar da kaina.

"In kin sauko, wa zai ɗebo wa gari ruwan teku?"

* * *

Ranar Litinin na samu ambulan a kan teburina. Fara ce ita ma, amma ba waccan ba. Layi uku: an gode da gudummawata, wa'adina ya ƙare. Waccan ɗin, na ji daga baya, an goge sunana an sa na wadda ta ƙi zama 'Yar Baƙa. Na je gaida Kawu, ya amsa wa bango. Na tattara kayana na koma ƙauye.

Bayan mako guda suka dawo, muryoyi a dishe, kowacce tana ba da labari a lokaci ɗaya. Tabawa ta ce an kwantar da su a gado mai laushin da sai da ta sauko ƙasa ta samu barci. Matar Malam Bilal ta ce ba ciyawa, sai kwakwa. Hajiya kuwa tun daga Zariya take amai, Goggo ce ta riƙe mata kai har Legas, ita ta nuna mata yadda ake tsotsar lemon tsami.

Na tambayi Goggo labarin guga. Ta ce gaskiyata, ruwan ba ya jiran igiya, shi yake biyo mutum, har zaninta ya so ya karɓe. Amma dai ta zura, don kada a ce ta kai shi a banza. Sannan ta ce abin da ya ba ta haushi, duk yawan nan nasa, ko dashe ɗaya ba zai raya ba.

Ta kwance bakin zaninta ta ba ni 'yar kwalbar turare, cike, da ɗan yashi kwance a ƙasa. Na ɗiga a harshe. Gishiri ne, da ɗaci kaɗan a ƙarshe.

A watan da ya biyo baya ƙungiya ta aiko da kalanda. Ga matanmu a jere a bakin ruwa, ga Hajiya a tsakiya da baƙin tabarau, ta ɗaga hannu mai furanni. Goggo tana can gefe, rabin fuskarta ya fita daga hoton, sai gugan ne ya fito sosai.

Aikin ya tafi. Kawuna ba ya amsa gaisuwata. Tekun da na yi wata biyu ina shirya wa mutane, iyakar abin da na gani nasa yana cikin kwalbar turare a kan tagata. Takardar kwalejina tana ƙasan akwati. Dashen kuma ba su san an yi komai ba, ruwa suke so, yanzu da ni a layin rijiya. Jiya na duba tafina, kantar farko ta fito.