Teburan da Ba a Sa wa Hannu Ba

Ni na koya wa ƙanena riƙe zarto, tun lokacin da ko ƙusa ya buga sai ta lanƙwashe. Shi ya sa ranar da kotu ta ba shi gaskiya, ni kuma ta kori ƙarata, na dawo gida ko abinci ban taɓa ba. Ba zan ɓoye ba, baƙin ciki nake yi da shi, ɗan'uwana uwa ɗaya uba ɗaya.

Kwangila iri ɗaya hukumar makarantu ta ba mu, teburan ɗalibai ɗari bibbiyu. Katakona ya fi nasa, aikina ya fi nasa, kowa ya sani. Ranar kai kaya, mai kula da sito, wanda muka yi firamare tare, ya ce in sauke kawai, gobe zai sa hannu. Na ce haba, ni da kai har sai da takarda? Shi kuwa ƙanen nawa, sarkin naci, ya zauna a kan benci awa uku, ya hana a sauke ko ƙafar tebur sai da aka sa hannu aka buga hatimi. Har tsiya na yi masa a hanya.

Shekara huɗu muna sintiri. Yau oga ya yi tafiya, gobe fayil ya ɓata. Mai siton ya yi ritaya, ya daina ɗaukar wayata. Da muka kai ƙara, lauyan hukumar ya miƙe, ko kunya babu, ya ce su ba su taɓa karɓar tebur ko ɗaya daga hannuna ba. Alƙali ya tambaye ni shaida. Rantsuwa kawai nake da ita.

Mai katako ya ba ni wata guda in biya shi, in ba haka ba ya kwashe injina, shagon ya mutu ke nan. A gida kuwa Inna ba ta da zance sai na Auta. Auta mai hankali, Auta mai tsari! Na daina bin layin shagonsa, don ko ƙarar injinsa ba na son ji.

Ranar Talata da hantsi sai ga shi a ƙofar shagona, riƙe da takarda.

"Yaya, barka da aiki."

"An biya ka ke nan, ka zo nuna mini?"

"Ba a biya ba. Sun ƙi bin umarni, sai kotu ta tura ma'aikatanta su ƙwace kayan hukumar a yi gwanjo a biya ni. Na bi su sito." Ya miƙo takardar. "Teburanka na can jibge a baya, ƙura ta rufe su. Tunda ba su cikin rajista, ba a taɓa raba su ba. Na sa an kifa su ɗaya bayan ɗaya, kowanne da tambarin shagonka a ƙasa. Ma'aikacin kotu ya rubuta, ya sa hannu. Lauya ya ce da wannan za a sake duba ƙararka."

"To gwanjon naka fa?"

"Na ce kar a taɓa su. In an sayar, shaidarka ta tafi. Ni zan ƙara jira."

Na karɓa, na karanta sau biyu. Ɗari biyu cif. Shagona ya tsira, na san haka, amma wallahi ba daɗi na fara ji ba. Abin da ya zo mini shi ne, yaron nan ko a kirki ma sai da ya fi ni.

Yana tsaye yana jiran in ce wani abu. Na buɗe baki in yi godiya, sai na ji kaina ina cewa, "Ka dai ga aikin da kyau ko? Shekara huɗu, ko ɗaya bai motsa ba."

Ya ce, "Na gani, Yaya. Sun fi nawa."