Rabin Addu'ar Inna

Farfesa na durƙushe gaban kwali na huɗu, gumi na ɗiga daga haɓarsa, ya ci karo da kaset ɗin. An rubuta a jikinsa da jan biro: "Tsohuwa, lamba 47." Rubutunsa ne. Uwar da ta haife shi ce fa ya ba lamba, tsabar boko.

Shekara talatin da takwas ya yi yana nazarin addinai, yana kwatanta wannan da wancan. Masallaci, coci, wurin bautar gargajiya, babu inda bai tsuguna da rikoda ya ɗauki addu'o'in mutane ba. Amma yau ba don rubutu yake birkita ofis ba. Autarsa ce zaune a kujerar baƙi da tsohon ciki, gobe da safe za a yi mata aiki. Tun tana ƙarama yake ba ta labarin addu'ar da kakarta ke yi wa duk wanda zai fuskanci haɗari. Ba ta riski tsohuwar ba, shi ya sa ta kafe sai ta ji da kunnenta kafin a shiga da ita.

"Baba, rikodar nan taka tana da rai kuwa? Ta fa girme ni."

"Ta girmi mijinki ma, kuma ta fi shi jin magana."

Ya danna. Ƙara ta ɗan taso, sai ga muryar Inna tangaram, kamar tana bayan ƙofa.

"Allah Ya kai ka lafiya. Allah Ya tsare gabanka da bayanka. Ubangiji Ya sa duk inda ka taka..."

"Dakata, Inna." Muryarsa ce, lokacin yana saurayi mai rawar kai. "Ɗazu kin ce Allah, yanzu kin ce Ubangiji. Kakanninki da wanne suke kira?"

"Kai, ɗan nan! Addu'a nake maka, kana yi min jarrabawa? Bari in ƙarasa mana."

"Za ki ƙarasa. Amsa min tukuna."

Haka ya yi ta jero mata tambayoyi, baiwar Allah tana dariya tana amsawa. Daga ƙarshe saurayin ya ce, "Kaset ya kusa cika, kuma mota na jirana. In na dawo hutu kya ƙarasa." Ƙat! Shiru.

Hutun da bai same ta da rai ba ke nan. Kalmar Ubangiji kuwa ya rubuta shafi arba'in a kanta, har aka yi masa ƙarin girma.

"Daga nan sai me take cewa, Baba?" Auta ta tambaya. "Kai ai ka sha ji."

Kunya da baƙin ciki suka rufe shi. Addu'o'i nawa ya haddace cikin harsuna bakwai, kowacce da sunan mai ita da shekarar da ya ɗauke ta!

"Wallahi ban sani ba," ya ce. "Amin kawai nake cewa, ina duba agogo."

Auta ta share ido, ta kamo hannunsa ta ɗora a kanta. "To, kai ka yi min."

Ya fara. "Allah Ya kai ki lafiya. Allah Ya tsare gabanki da bayanki. Ubangiji Ya sa duk inda kika taka..."

Ya tsaya. Wannan karon babu wanda ya katse addu'ar, iyakar abin da ya sani ke nan.