Tumaki Masu Shuɗin Fenti

Jaka ɗaya: kwafin labarin fim, ƙaramar kyamara, rigar ruwa, gwangwanin biskit, tsarabar Gwaggo Nuala. Jirgin ruwa ya ci rabin hanyar tsibiri, har yanzu ɗanta Fintan ya ƙi haɗa ido da ni.

Shekara tara na yi a Landan, na karanta fim, na fitar da biyu. Na ukun nan ni na rubuta, ni zan ba da umarni, kuma a kicin ɗin Gwaggo nake son ɗauka, inda kakanmu ya tsufa.

Da muka isa gida, Gwaggo ta karɓi biskit ba ta duba ba.

"Za ki sha shayi, Dearbhla?"

"A'a, Gwaggo, kada ki wahala."

Na jira. A tsibirinmu sau uku ake tayi, ka ƙi biyu, ka karɓi na uku. Ta zauna ta harɗe hannu. Ko butar ba ta kalla ba.

"Manyan Landan," ta ce. "Na ji tumaki kike nema. Masu ja ko masu shuɗi?"

Shafi na arba'in ke nan na labarin fim ɗina: tsoho ya kama tumakin maƙwabci a kan tudu, ya rufe jan fentin bayansu da shuɗinsa. Ban nuna wa kowa ba. Amma a watan jiya jakata ta wuni a motar Fintan.

Na juya. Yana karanta bayan gwangwanin biskit.

"Kai, sarkin karatu, ka ƙare?"

"Ni? Jakar ce ta buɗe da kanta."

"Ta kuma buɗe a shafi na arba'in."

"Bar shi," in ji Gwaggo. "Jikokin Coyle, masu tumakin, a gabana suke zama a coci. Ke jirgi za ki hau. Ni ce nan kowace Lahadi."

"Na canja sunaye."

"Gida sha ɗaya ne a tsibirin, 'yar nan. Mu kaɗai ke shafa shuɗi. Cire tumakin daga fim ɗin, kicin naki ne. Har da shayi."

"Amma kakanmu ya yi, ko?"

Ta gyara zaman gwangwanin.

Na auna ɗakin da ido: taku shida daga ƙofa zuwa murhu, taga ɗaya, agogo a hagu. Na ɗauki jakata da kaina, na fita, na jawo ƙofar har ta kama.

A birnin Dublin kafintoci za su gina mini irin kicin ɗin. Tumakin suna nan a shafi na arba'in.