Jaridar da Aka Ce Ta Daina Fitowa

Shekara ashirin da shida Goggo ta yi tana duba kurakuran rubutu a jaridar. Ba goggon kowa ba ce a ofishin, amma daga edita har direba haka suke kiran ta. Lokacin da ta fara aiki, shafi talatin da biyu ake bugawa kullum, ga 'yan rahoto goma sha tara, ga bene hawa biyu duk nasu. Wanda ya kafa jaridar, da kowa ke ce wa Maigida, tsohon malamin makaranta ne. Ya lura manyan jaridu ba ruwansu da famfon unguwa da ya kafe ko layin bas da aka soke, sai ya ce shi abin da zai riƙa bugawa ke nan. Mutane kuwa suka karɓa hannu bibbiyu.

Da labarai suka koma cikin waya, masu talla suka zame ɗaya bayan ɗaya. Shafuka suka koma sha shida, suka koma takwas. Aka bar wa wata makarantar koyon ɗinki hawan sama, mutum shida da suka rage suka takure a ƙasa, kekunan ɗinki na ta ruri a kansu.

Ranar Litinin Maigida ya rasu. Da safiyar Laraba mai ɗaukar hoto, Dogo, ya shigo da babbar jaridar birnin ya shimfiɗa a teburin Goggo. Sun yabi marigayin sosai, amma a sakin layi na biyu sun ce ya kafa wata ƙaramar jarida "da ta daina fitowa shekarun baya."

Edita ya karanta ta bayan kafaɗarta, ya yi 'yar dariya. "Ashe mun mutu ba a gaya mana ba. Dogo, a sanar da iyalina."

Goggo ba ta yi dariya ba. Ta naɗe jaridarsu ta ranar a jakarta, ta hau bas biyu zuwa ginin babbar jaridar. Ta yi awa guda a zaune kafin wanda ya yi rubutun ya sauko. Sai ga shi tsohon ɗan rahotonsu ne, wanda ita ta koya wa inda ake sa waƙafi. Yanzu har ya yi furfura.

Ya rusuna ya gaishe ta. Ta miƙa masa jaridar, ta ɗora yatsa a kan kwanan wata.

Ya daɗe yana kallo. "Goggo, wallahi ba da gangan ba ne. Na fi shekara uku ban gan ta a teburin kowa ba. Na tambayi mutum biyu a nan, suka ce ai kun rufe."

"Lambar wayarmu ba ta canza ba," in ji ta.

Ya yi alkawarin za su gyara. Ya ce ta tsaya a kai ta a mota, ta ce ƙafarta lafiya.

Maganarsa ce ta hana ta shiga bas. Ta bi babban titi a ƙasa, tana tsayawa wurin masu sayar da jarida. Na farko bai san sunan ba. Na biyu ya ce ya daina karɓa. Na uku, kusa da tasha, ya sunkuya ya jawo ƙunshin daga ƙarƙashin tebur, ko igiyar ba a kwance ba.

"Goma ake kawo mini, Hajiya. Akwai wani tsoho mai sanda da farin tabarau, shi ke kwashe biyar kullum, ya ce zai raba wa maƙwabta. Tun shekaranjiya ban gan shi ba."

Goggo ta gane Maigida ne. Ta ce a kwance igiyar, ta sayi ɗaya, duk da akwai wata a jakarta. Da ta koma ofis edita ya tambaye ta yadda aka yi, ta ce za su gyara. Ba ta faɗi sauran ba.

Gyaran ya fito ranar Asabar, layi biyu a shafi na arba'in da ɗaya, ƙarƙashin tallan katifa.

Bayan wata huɗu 'yar Maigida ta tara su. Ta ce ta yi iya yinta, daga yanzu sau ɗaya a mako za a riƙa fitowa. Dogo ya koma ɗaukar hoton fasfo a bakin wata ma'aikata. Edita ya kwanta ciwo, bai dawo ba. Goggo tana zuwa Talata da Laraba, ta duba shafukan sau biyu, ta rufe tagogi saboda ƙurar titi, ta kai mabuɗi hawan sama wurin malamar ɗinki.