Gangaren Safa

"Ka karya mata ƙafa, Uzair. Dubi tayar."

"Zan gyara."

"Da me? Da ƙanƙara?"

Yaya Abdulƙadir ya kifar da arabiyyar a ƙofar gidanmu na Tandabawi, kusa da Harami. Keken tura tsofaffi ce, da ita muke ci tun rasuwar Baba. Shi da safe, ni da yamma, muna kai waɗanda ƙafa ta gaza su yi ɗawafi da sa'ayi. Tayar hagu ta lanƙwashe. Jarkokin ruwan da na ɗaure a kujerar suna can ƙasan layi, ɗaya ta fashe.

Ni ɗan tsere ne, mita ɗari. Bara wani koci ya gan ni a wata gasa a Jidda, ya ce ƙafata ta dace da wani wasa da ake yi a Turai. Amalanke ne a kan ƙanƙara, mutum biyu. Na baya ya tura da gudu, ya faɗa ciki, ya sunkuyar da kai, direba ya bi da su gangare. Na je sansaninsu. A gudu ba wanda ya kamo ni. Amma da zarar ƙanƙarar ta fara gangarawa, sai hannuna ya ja baya. Ban san ina yi ba sai da aka nuna mini a bidiyo. Direban ya ce birki a ƙarshe ake ja, ba a farko ba. Sun ba ni dama guda, bayan Sallah. In hannun ya sake ja, za su ɗauki wani.

Na san inda na samo wannan halin. A gangaren Safa Baba ya koya mini, hannunsa a kan nawa. "In ƙasa ta gangara, kai ka ja baya. Uwar wani ce a gabanka."

Shi ya sa tun farkon azumi nake hawa saman layinmu da keken, na ɗaura masa jarkoki a madadin mutum. Ina koya wa hannun ya tura inda ya saba riƙewa.

"Wato so kake ya manta," in ji Yaya.

"Wasa daban, aiki daban."

"Hannu ɗaya ne, ya akhi, ɗan'uwana. Bai san Turai ba, bai san Harami ba."

"To in zauna ina tura keke har in tsufa kamarka?"

Ya murza tayar, ta yi rabin zagaye ta cije.

Daga ciki Ummanmu Hajo ta ɗaga murya. "Halas, ya isa haka, ku daina tara mana jama'a. Uzair, umarata ta gobe tana nan?"

Tun da gwiwoyinta suka ƙi, ni nake kai ta duk azumi.

"Ni zan kai ki bana, Umma," in ji Yaya.

"Kai da kake tura mutum kamar buhun gawayi? Uzair zai kai ni. Hannun Babanku gare shi."

Washegari muka ari keken maƙwabci. Yaya ya biyo mu ba tare da an gayyace shi ba. Ɗawafi lafiya, ƙasa a shimfiɗe take. Muka hau Safa, Umma ta fuskanci Ka'aba ta yi addu'arta, doguwa, har da sunana a ciki. Na goge tafin hannuna a haramina.

Na juya keken. Ƙasa ta gangara.

Hannuna ya tura.

Keken ya zabura. Carbin Umma ya faɗi, ta damƙe hannun kujera. Na finciko da baya, tayar ta tsaya daf da diddigen wani tsoho. Bai ma waiwayo ba. Ba wanda ya faɗi.

Abin da ya fara zuwa zuciyata murna ce. Hannun ya koya. Tsoron daga baya ya iso.

Yaya ya ɗauko carbin, ya sa mata a cinya. Bai dube ni ba. Ya ɗora hannunsa a mariƙin hagu. Ban saki na dama ba. Haka muka nufi Marwa, keken yana ɗan karkata, jama'a na ratsa mu.

Umma ba ta waiwayo ba. Mun wuce korayen fitilun hanyar sa'ayi sannan ta yi magana, a hankali.

"Wa ke tura ni yanzu?"