Dabino a Kan Azurfa

A Garu, in aka ambaci Barau, maƙera sai su ce, "Wanda ke karce ƙarfe kamar mai zanen ƙwarya?" Mata kuwa cewa suke babu mai sanyin hannunsa a duk ƙasar Dutse. Baffansa Jaji, Sarkin Maƙera, ba ya son ko a ambace shi. Shi ne ya kore shi daga rumfar maƙera a gaban jama'a, ranar da ya tarar da shi ya ɓata yini yana zana ganye a jikin munduwa, ga garemani jibge suna jiran gyara, damina ta kawo kai.

Tun daga nan Barau ke aiki shi kaɗai a zauren gidan mahaifiyarsa, ba mai yi masa zuga, ba mai ce masa sannu.

Shekarar da Nasara suka kawo anini mai huji, Hakimi ya so a yi wa dagatansa lambar azurfa ta ratayawa, duk iri ɗaya, yadda anini ke kama da ɗan'uwansa. Jaji ya narka azurfa ya zuba a yumɓu, ya sake, ya kuma sakewa, kowace ta fito da nata kamannu. Hakimi ya ce in aikin ya gagara zai aika wa maƙeran Kano.

Ba wanda ya kira Barau. Da hantsi ya zo da kansa, ya durƙusa a bakin rumfar, ya miƙa wani guntun baƙin ƙarfe mai zane a ƙwaƙule a gindinsa.

"Baffa, wannan aikin ba na zubi ba ne, na bugu ne. Hatimi na sassaƙa. Amma dantsena ba zai iya ba, sai naka."

"Sau nawa ake bugawa?"

"Sau ɗaya. In aka maimaita, zane zai hau kan zane."

"In ta lalace fa?"

"Sai in tattara kayana in bar garin."

Ɗan'inna mai zuga ya ce, "Sarki, a bi a hankali, kada a fasa masa ƙwaryar." Aka yi dariya.

Barau ya ɗora faifan azurfa a kan uwar maƙera, ya daidaita hatimin, ya riƙe da awartaki. Bai kalli kowa ba. Jaji ya tofa yawu a tafinsa, ya ɗaga masaba, ya yi bisimilla, ya sauke.

Da aka ɗaga hatimin, sai ga bishiyar dabino tsaye tsakanin duwatsu biyu, kowane ganye ya fita sarai, har da nonnan 'ya'yanta. Ta biyu ta fito haka, ta uku ma haka. Ɗan'inna ya cakuɗa su a tafinsa, ya kasa gane wadda aka fara bugawa. Labari ya kai kasuwa, mutane suka cika bakin rumfar, wata tsohuwa ta rangaɗa guɗa.

Jaji ya daɗe yana juya lambar a hannunsa. Sannan ya ajiye masaba, ya ce wa Ɗan'inna ya dakata da zuga don kowa ya ji.

"Barau, zo ka zauna inda mahaifinka yake zama yana ƙira a da," in ji shi. "Ban kyauta maka ba, ɗana. Ka yafe mini."