Amanar Mulikatu

A shekarar 1988 Zelia ta dawo unguwar Nima da ke Accra da kyamarar aro, bayan ta gama karatun nazarin al'ummomi a jami'ar Legon. Fim take son yi a kan korar baƙi ta 1969, lokacin da aka cika manyan motoci da mutanen zango aka nufi iyaka da su. Dattawa suka yi ta nuna mata ɗakunan da masu su ba su dawo ba.

Mma Maiturare, mai sayar da koko a unguwar Maamobi, ita ce ta aika a kira Zelia. Ta zauna gaban kyamara, ta ce maƙwabciyarta Mulikatu, Bayarabiya mai sayar da atamfa, ta bar mata jaririya ranar tafiya, domin yarinyar na fama da ƙyanda, ba za ta kai iyakar Aflao da rai ba. Mulikatu ta yi alkawarin dawowa in ƙura ta lafa. Shiru kake ji har yau. Jaririyar ita ce Barikisu, ga ta nan a tsaye bakin ƙofa da nata goyon.

Tsohuwar ta jawo Barikisu kusa da ita, ta dubi kyamarar.

"Mulikatu, ga amanarki. Ta warke. Ni kuma na gaji da jin takunki a zaure."

Zelia ta tambaye ta wane taku. Ta ce kullum da la'asar takan ji ƙarar silifas ya zo ya tsaya a bakin ɗakin, sannan ya juya.

Da damina ta wuce, Zelia ta ɗauki fim ɗin zuwa Ogbomoso a Najeriya, inda da yawa daga cikin korarrun suka koma. Aka haska shi a jikin bangon wata makaranta. Ana cikin kallo wata mata ta miƙe tsaye. Ita ce Sanatu, babbar 'yar Mulikatu. Ta ce uwarsu ta iso gida lafiya, amma ba ta shekara ba ta kama hanyar Accra ita kaɗai, ba takarda, ta daji. Tun daga nan babu wanda ya sake jin ɗuriyarta. Su a zatonsu tana Maamobi wajen jaririyar, ta manta da su.

Zelia ta ɗauki hoton Sanatu tana magana, ta dawo da shi. Barikisu ta kalla ba ta ko motsa ba, ganin mace mai irin goshinta da irin wushiryarta tana kuka da harshen da ba ta ji. Mma Maiturare kuwa ta tashi ta sa aka kira liman, aka yi wa Mulikatu addu'a, aka raba sadakar masa.

Barikisu ta ce wa Zelia in za ta sake komawa Najeriya, ta tanadar mata wuri a mota.